TARIHI: Wambai Giwa, basaraken da ya faɗaɗa ganuwar Kano, girmansa ya ci sarautarsa

Duk wanda ya taɓa tsayawa a Kabuga yana jiran motar Gwarzo ko ta Ƙaraye, a gefen aikin wani mutum ya tsaya, wanda sunansa bai cika fitowa daga bakin 'yan zamani ba. Ragowar ganuwar nan da ta bi ta Gadon Ƙaya da Dukawuya da Kabuga har Kansakali, wadda ɗaliban tsohon matsugunin Jami'ar Bayero ke wucewa ta gabanta safe da yamma, wani basarake ne ya tsaya aka gina ta kimanin shekara 400 da suka wuce, da dukiyarsa, alhali Sarki ba ya gari. Tukuicin da ya samu shi ne garin Ƙaraye. Abin da ya biyo bayan tukuicin kuwa tuɓewa ne. Sunansa Wambai Giwa.

Labarinsa yana cikin littafin tarihin sarakunan Kano da aka rubuta da Larabci, wanda ya faro daga Bagauda ya tsaya a kan Sarki Muhammadu Bello a ƙarshen ƙarni na 19. Bature H. R. Palmer ya fassara littafin zuwa Turanci, aka buga a 1908, daga baya kuma ya fito da Hausa a cikin Labarun Hausawa da Maƙwabtansu. Littafin sarakuna ne, ba ya ɓata tawada a kan barori da hakimai sai wanda ya gagara a tsallake shi. Giwa na cikin 'yan ƙalilan ɗin da suka gagara.

Sunan da ya haɗiye sunan yanka

Wambai sarauta ce, ɗaya daga cikin manyan kujerun majalisar nan ta Tara ta Kano da Sarki Muhammadu Rumfa (1463 zuwa 1499) ya kafa. Giwa kuwa laƙabi ne. Sunan da aka raɗa masa ranar da aka yanka masa rago ya tsira ne a cikin wani kirari da littafin ya adana, inda maroƙa suka kira shi Abdullahi. Ban da wannan wuri, Giwa ake ce masa daga farkon labarin har ƙarshensa.

Wannan ba baƙon abu ba ne ga Bahaushe. Yaro kan tashi da suna biyu ko uku: na yanka, wanda malamai suka yi wa addu'a ranar bakwai, da wanda gida ko gari suka laƙaba masa. Wani na rana ne, kamar Ɗanladi da Ɗanjuma da Balarabe. Wani na yanayin haihuwa ne, kamar Tanko ga namijin da ya biyo mata, ko Gambo ga wanda ya biyo tagwaye. Wani kuma alkunya ce ta haife shi, domin uwa ba ta kama sunan ɗan fari, suruka ba ta kama sunan suruki. A Kano ɗin nan ma, yaron da aka sa wa Abdullahi sau da yawa Maikano ake kiransa, don girmama sarkin da ya ci sunan. Amma akwai wani rukunin suna da ba uwa ke bayarwa ba, mutum ne ke cin sa da hannunsa bayan ya girma, a fagen fama ko a kasuwa ko a fada. Giwa daga wannan rukuni ya fito.

Sarakunan Kano na farko da sunayen Hausa zalla aka san su: Bagauda, Gijimasu, Tsamiya, Yaji, Kanajeji. Bayan Wangarawa sun zo da Musulunci fada a zamanin Yaji (1349 zuwa 1385), sai a hankali sunan Musulunci ya hau gaba, na Hausa ya koma baya yana riƙe da shi, kamar yadda ake gani a Muhammadu Rumfa da Muhammadu Kisoki. Sarakuna biyu da suka gabaci faɗuwar Wambai su ne Muhammadu Zaki da ɗansa Muhammadu Nazaki, wato na Zaki. Ke nan a fadar Kano ta farkon ƙarni na 17, gidan zaki ne a kan gado, giwa kuma tana zaune a gabansa tana gaisuwa.

Kalmar ita kanta tana da abin lura. A nahawun Hausa giwa mace ce, ana cewa giwa ta faɗi, ba ya faɗi ba, kuma in ana nufin namijin sai an ce toron giwa. Shi ya sa har gobe ake kiran uwargidan sarki Giwar Sarki. Duk da haka babu namijin da ke jin an rage shi in an ce masa giwa, domin abin da kalmar ke ɗauke da shi ya wuce jinsi: girman jiki, nauyin tafiya, da ƙarfin da ba ya buƙatar gaggawa. Hausawa na cewa sawun giwa ya taka na raƙumi. Matsalar ita ce wannan suna daga rumbun kirarin sarakuna aka ɗebo shi. Zaki da giwa da toron giwa kalmomi ne da fadawa ke jefa wa mai gari in ya fito. In aka wayi gari maroƙa na jefa ɗaya daga cikinsu ga wanda ba shi ne mai gari ba, kunnen fada ba ya rasa ji.

Kano a cikin ƙunci

Zamanin da Giwa ya taso ba na jin daɗi ba ne. A yamma, daular Songhai ta karye a hannun sojojin Maroko a yaƙin Tondibi na 1591, hanyoyin fatauci na hamada suka shiga sauyi, Kano da Katsina kuma suka ƙara zafafa gabar da suka daɗe suna yi a kan wa zai zama babbar kasuwar ƙasar Hausa. A mulkin Muhammadu Zaki (1582 zuwa 1618) Kwararrafawa sun taso daga kudu suka ci ƙasar Kano har mutanen birni suka gudu Daura. Katsinawa suka yi ta kawo hari har bakin gari. A kan wannan kuma aka yi yunwa ta shekara 11. Sai a ƙarshen mulkinsa Zaki ya samu galaba a kan Katsinawa, ya kuma koma Ƙaraye da zama, a can ajali ya same shi.

Zaman sarki guda a Ƙaraye har mutuwarsa ya isa ya nuna matsayin garin a wancan lokaci. Ƙasar Ƙaraye da Rogo ita ce gefen Kano ta kudu maso yamma, inda take haɗuwa da ƙasar Katsina da ta Zazzau. Wanda ya riƙe ta ya riƙe ƙofa. Da Nazaki ya hau a 1618, ya aika wa Sarkin Katsina da tayin sulhu, aka ƙi, Katsinawa suka sake kawo yaƙi, kuma a Ƙaraye ɗin dai aka gwabza, Kanawa suka yi nasara.

Jinyar da ta haifi ganuwa

Da shekara ta zagayo, Nazaki ya fita yaƙi zuwa Kalam, can ta gabas. Wambai bai bi shi ba domin yana kwance ba lafiya. Ga basaraken wancan zamani, rashin zuwa yaƙi asara biyu ce: ba ganima, ba kuma ganin idon Sarki. Waɗanda suka tafi za su dawo da bayi da dawaki da labarin bajinta, wanda ya zauna kuwa sai ya nemi abin da zai nuna. Da ya samu sauƙi sai ya tara mutanensa ya nemi shawarar abin da zai yi wanda zai faranta wa Sarki rai in ya dawo. Suka ba shi shawarar ya ƙara wa birni faɗi.

Ganuwar Kano ta girme shi da ƙarnoni. Gijimasu ne ya fara ta a farkon ƙarni na 12, aka kammala a zamanin ɗansa, Rumfa kuma ya faɗaɗa ta. Abin da Wambai ya yi shi ne ya ja sabon zagaye ta yamma da kudu maso yamma, ya shigo da fili mai yawa cikin birni, ta Gadon Ƙaya da Dukawuya da Kabuga zuwa Kansakali. Ita wannan ta ƙarshe, sunanta tsohuwar kalma ce da ke nufin takobi. Zaɓen wurin ba na banza ba ne, domin ɓangaren da ya ƙarfafa shi ne mai kallon inda Katsinawa ke ɓullowa. Filin da ya shigo ciki kuma ba don gidaje kawai ba ne. Birnin da ya ga yunwar shekara 11 da gudun hijira zuwa Daura ya san amfanin gona da makiyaya a cikin ganuwa, inda mutanen karkara za su fake da dabbobinsu in an kewaye gari.

Ginin ganuwa aikin dubban hannaye ne. Sai an haƙo ƙasa, an kwaɓa, an mulmula tubali an shanya, an ɗora, an yaɓe, kuma duk wannan kafin damina ta zo ta wanke abin da bai bushe ba. Littafin ya ce kowace safiya Wambai kan kawo wa ma'aikata ƙwarya 1,000 ta abinci da shanu 50, haka har aka gama. Alƙaluman irin wannan littafi sukan ɗauko ƙamshin bakin maroƙa, amma ko an raba su goma, abin da ya rage ya isa ya nuna cewa mutum guda a Kano yana da rumbu da garken da za su ciyar da rundunar magina ba tare da ya taɓa taskar Sarki ba. Da Nazaki ya dawo, Wambai ya tare shi da kyautar dawakin hawa 100, kowanne da sulkensa.

Sarki ya ji daɗi matuƙa, ya nemi shawarar abin da zai saka wa wannan mutum da shi. Fadawa suka ce a ba shi gari. Aka ba shi Ƙaraye.

A nan mai nazarin siyasa zai iya ɗan dakatawa. Kyautar gari girmamawa ce, babu shakka. Amma ba kowane gari aka ba shi ba, an ba shi bakin daga ne, inda sarkin da ya gabata ya mutu, inda kuma jinin yaƙin bara bai gama bushewa ba. Da kyauta ɗaya fada ta biya bashin da ke kanta, ta samu mai tsaron ƙofa, ta kuma fitar da mutum mafi dukiya a majalisa daga cikin birni. Ko da niyya aka yi ko ba da niyya ba, sakamakon ke nan.

Mai gari a Ƙaraye

Wambai ya tattara ya bar Kano ya koma Ƙaraye da zama, kuma bai je hutu ba. Ya mai da garin sansani, yana kai wa Katsinawa hari ba ƙaƙƙautawa, yana dawowa da ganima mai yawa. Ya kai ga mallakar barade 100 masu sulke da dawaki 1,000. Doki a wancan zamani shi ne ma'aunin ƙarfin yaƙi, domin sayensa da ciyar da shi da yi masa kaya ba aikin talaka ba ne, kuma kowane barde yana da masu yi masa hidima a bayansa. Wanda ke da dawaki 1,000 a tafiyar kwana biyu ko uku daga fada, yana da abin da za a kira runduna.

A wannan lokaci ne kirarinsa ya cika ya batse. Maroƙa suka siffanta shi da giwa mai gari, abokin gabar toron dorina, wato wanda ko babbar dabbar ruwa ba ta tsallake shi ba. Ba duka kirarin ke da daɗin ji a kunnen yau ba. Akwai inda yake alfahari da kame mata a yaƙi, akwai inda yake yabonsa da bautar da maƙwabta. Wannan shi ne gaskiyar tushen dukiyar: ƙwaryar abincin da ta ciyar da maginan Kabuga da dawakin da aka kai wa Sarki, kaso mai yawa na irin wannan arziki daga ƙauyukan da aka ƙona da mutanen da aka ɗaure yake fitowa, kuma waɗanda aka ɗaure ɗin Hausawa ne 'yan'uwan masu ɗaurin, iyaka ce kawai ta raba su. Duk mai son ya yi alfahari da Giwa sai ya ɗauke shi da wannan kaya a kansa.

Tuhumar da ba ta buƙaci laifi ba

Nazaki bai daɗe ba, shekara 5 ya yi, ya rasu a 1623. Ɗansa Muhammadu Alwali, wanda aka fi sani da Kutumbi, ya gaje shi. Sabon sarki ya tarar da wani hakimi da bai naɗa ba, wanda bashin alherinsa a kan uban ne, ba a kan ɗan ba, yana zaune a bakin iyaka da rundunarsa da maroƙansa da suna irin na sarakuna. Littafin ya taƙaita abin da ya faru a jimla biyu: Wambai ya yi ƙarfi har aka ji tsoron zai yi tawaye, saboda haka aka tuɓe shi a zamanin Kutumbi.

Yana da kyau a lura da lafazin. Ba a ce ya yi tawaye ba, ba a ce ya hana haraji ko ya ƙi amsa kira ba. Tsoro aka ji. Abin da zai iya aikatawa shi ne laifinsa, kuma hujjar da ke kansa ita ce dai abubuwan da aka yaba masa a kansu jiya: dukiyar da ta gina ganuwa, dawakin da suka tsare iyaka, da sunan da kowa ke kiransa da shi. Hausawa na cewa giwa a garin wani zomo ce. Wambai ya zauna a garin da aka ce nasa ne, ya manta ko bai manta ba, wanda ya ba da gari shi ke da ikon karɓewa.

Ba za a ce tsoron Kutumbi na wauta ba ne. Sarautar da ta bar hakimi ya tara rundunar kansa a bakin iyaka tana wasa da wuta, musamman iyakar da abokin gaba ke ɗaya gefen yana neman wanda zai haɗa kai da shi. Sai dai abin da Kutumbi ya yi daga baya ya nuna ba ƙarfin bara yake ƙi ba, ƙarfin baran da ba nasa ba yake ƙi. Ya ɗauki amininsa Kalina Atuman ya damƙa masa iko mai yawa, har littafin ya nuna kamar Sarki ne ya koma wazirinsa, aka yi shekara 12 a haka. Bayan shi wani daga cikin mutanensa, Dawaki Ƙoshi, ya yi tashe har shi ma aka fara zargin zai yi tawaye, sai da Sarki ya lallashe shi da daɗin baki. Kutumbi kuma shi ne ya fara karɓar jangali daga Fulani makiyaya, ya ƙirƙiri sarautar Sarkin Shanu ya ba bawansa. Wato sarki ne da ke tattara dukiya da iko zuwa fada, yana rabawa ga waɗanda shi ya ɗaga su. Giwa ba ya cikin wannan lissafi.

Yaƙin da Wambai yake riƙe da shi daga Ƙaraye, Kutumbi ya ɗauke shi da kansa. Ya kai wa Katsina yaƙi ya yi zaman wata 9 a kanta, ya sake komawa karo na biyu, kuma a wannan karo ne ya gamu da ajalinsa a 1648. Ba a fi shekara uku ba bayan haka, a zamanin Sarki Shekarau, malamai suka shiga tsakani aka yi sulhu tsakanin Kano da Katsina. Zuriyar Kutumbi, Kutumbawa, suka ci gaba da mulki har jihadin Shehu Usmanu Ɗanfodiyo ya kawar da na ƙarshensu, shi ma Alwali, a farkon ƙarni na 19.

Abin da ya rage

Ganuwar ta daɗe fiye da gidan da ya tuɓe mai gina ta. Ita ce Heinrich Barth ya gani da ya shigo Kano a 1851. Ita ce kuma sojojin Ingila ƙarƙashin Kanar Morland suka tunkara a ranar 3 ga Fabrairu, 1903, suka shiga birni ta Ƙofar Kabuga, a ɓangaren da Wambai ya gina don tare dawakin Katsina, ba manyan bindigogi ba. Yau gadojin ƙasa ne a Kabuga da Gadon Ƙaya, ganuwar kuma ta zaizaye a wurare da dama, wani wurin ruwan sama ne ya ci, wani wurin masu ɗibar ƙasa da masu yanka filaye.

Sarautar Wambai tana nan da nauyinta a fadar Kano, 'ya'yan sarki ke riƙe ta. Alhaji Aminu Ado Bayero Wamban Kano ne kafin a naɗa shi Sarkin Bichi a 2019. Ƙaraye ita ma ba ta daina zama garin da ake bayarwa a karɓe daga Kano ba, sai dai yanzu daga Gidan Gwamnati ake yi, ba daga Gidan Rumfa ba. A watan Mayun 2019 Gwamna Abdullahi Umar Ganduje ya sa hannu a dokar da ta ɗaga ta zuwa masarauta mai daraja ta ɗaya tare da Bichi da Rano da Gaya. A ranar 23 ga Mayu, 2024 Gwamna Abba Kabir Yusuf ya sa hannu a dokar da ta rushe su. A watan Yulin shekarar aka sake dawo da ita a matsayin masarauta mai daraja ta biyu, da ƙananan hukumomi biyu, Ƙaraye da Rogo.

Shi kuwa sunan, ya yi ƙaranci. In aka ce Giwa a gaban matashin da ke bibiyar siyasar Najeriya, abin da zai fara zuwa masa shi ne ƙaramar hukumar Giwa ta Jihar Kaduna, ko kuma Dele Giwa, ɗan jaridar da aka kashe da bam ɗin wasiƙa a Legas ranar 19 ga Oktoba, 1986, wanda ba Bahaushe ba ne. Iyayen yau sun fi karkata ga sunayen Larabci da ba a saba ji ba, su kuma maroƙa da mawaƙan siyasa sun riƙe giwa da toron giwa suna jefa wa duk wanda ya buɗe aljihu. Dabbar ma ta bar wannan yanki tuntuni. Yaron Rogo ko na bakin madatsar ruwan Challawa da ke son ya ga giwa a daji da idonsa, sai ya yi tattaki zuwa dajin Yankari a Jihar Bauchi.